Tagar Ɗakin Maijego

Ranar Laraba da hantsi, cikin sanyin Janairun 1986, aka shigo ofishin 'yan sandan Madawa da wani mutum kwance a amalanken jaki. Fuskarsa ta kumbura, hannunsa na dama a naɗe cikin rigarsa. Mai amalanken ya ce sunan mutumin Alƙasim, mai waldar tagogi na bakin tasha, kuma 'yan'uwan wata mata ne suka yi masa haka da gudumarsa. Matar ta rasu da safiyar nan. Sun ce tagarsa ce ta kashe ta.

Insifekta Lurwanu Maiguwa ya ajiye kofin shayinsa. Shekara goma sha tara yana wannan aiki, an kawo masa ƙarar raƙumi, an kawo masa ƙarar rijiya, amma ba a taɓa kawo masa ƙarar taga ba. Bai yi mamaki ba. Tun shekarar fari da yunwa, da ya yi wata uku yana rubuta sunayen waɗanda ake tsinta a bakin hanya, mamaki ya ƙare masa, shi kuma bai nemi wani ba.

Ya sa aka kai Alƙasim asibiti aka ɗaure hannun, aka dawo da shi ɗakin tsaro, don a waje kashe shi za a yi. Ya kuma sa aka kamo Alhassan, wan mamaciyar, wanda ya riƙe gudumar.

Kwamishina, shugaban ofishin, bai so a ja maganar ba. Unguwa ta tashi, mutane sun fara cire tagogin gidajensu suna jefarwa a ƙofar shagon Alƙasim. Ya ce a rubuta kisa ta hanyar sakaci, ranar Asabar a miƙa mai waldar kotu, gari ya kwanta. Insifekta ya ce to. Ya ƙirga da yatsa, ya ga kwana uku ke nan tsakanin mutumin da gidan kaso.

Ya fara da asibiti. Babban ma'aikacin wurin, wanda kowa ke kira Manjo, ya riga ya duba gawar kafin a kai ta makwanci. Sunanta Zinariya, shekarunta ashirin da shida, haihuwarta ta uku, jiya aka yi suna.

"Mutane na cewa warin fenti ne ya kashe ta," in ji Insifekta.

"Fenti na sa ciwon kai. Wannan gawayi ne. Babu rauni, babu jini. Ta yi barci a kan garwashi cikin ɗaki rufe, ba ta farka ba."

"In akwai inda iska ke fita fa?"

Manjo ya ɗaga kafaɗa. Ya ce da wuya. Mata nawa ke kwanciya a kan wuta kowane sanyi a garin nan, su tashi lafiya? Ɗakin ƙasa yana numfashi ta ko'ina. Matsalar sabbin ɗakunan nan ce.

Gidan yana bayan kasuwar albasa. Na Isaka ne, direban babbar mota da ke aiki a Keita, inda ake ta dashen itatuwa da tare ruwa. Ɗakuna biyu na ƙasa, sai sabo ɗaya na siminti a gefe, fari fat, da rufin kwano da katako daga ciki, da ƙofar ƙarfe wadda ko allura ba ta shiga ta ƙarƙashinta. Irin ɗakin da kowane ɗan cin rani ke mafarkin ya dawo ya gina, don a san ya je ya dawo.

A ciki akwai gadon ƙarfe, da kasko biyu na toka a ƙarƙashinsa. Taga ɗaya ce, koriya, mai gilashi huɗu. A samanta, can kusa da rufi, an bar wuri mai faɗin tafin hannu ba gilashi, sai ƙarafa uku a karkace. Insifekta ya miƙa hannu ya ji iska mai sanyi na shigowa ta wurin.

Uwar mamaciyar tana zaune a tsakar gida cikin mata masu gaisuwa, jaririn a cinyarta. Inna Hawa ake ce mata, gajeruwar tsohuwa daga Karofane, ta zo yi wa 'yarta jego. Idonta a bushe yake. Ya durƙusa ya yi mata ta'aziyya, sannan ya buɗe littafinsa.

Ta ce da safe ta yi wa Zinariya wankan ruwan zafi, ta zuba garwashi, ta kwantar da ita, ta ja ƙofa, ta fito da yaron don uwar ta samu barci. Da rana ta ɗaga, ta kai mata kunu, ta iske ta.

"Inna, tagar nan haka take tun da aka sa ta?"

"Haka take."

"Ba wanda ya taɓa ta?"

"Mi za mu taɓa? Mu ba mu san kanta ba."

"Mai waldar ya yi muku magana a kan wuta?"

"Bai ce komi ba. Cewa yay yi ko iska ba ta shiga, shi na kyawonta. Ɗiya shida nay yi ma jego, ɗana, ba wadda ko mura ta kama. Sai da anka kawo abin ga."

Matan da ke gefe suka yi salati. Insifekta ya rubuta, ya rufe littafin.

Kafin ya fita ya koma ɗakin, ya taka bakin gadon ya hau, ya haska ƙarafan nan uku da tocila. Fentin sauran tagar sumul yake. Na ƙarafan kuwa ya yi kaushi, kuma zare ne maƙale a cikinsa, ƙanana, fari da shuɗi, sun bushe tare da fentin. Ya kankaro kaɗan da wuƙa ya zuba a ambulan. Ko ma wane ne ya taɓa wurin, ya taɓa shi ne tun fentin yana ɗanye.

Ranar Alhamis da safe ya shiga wajen Alƙasim. Mutumin na jingine da bango, hannun a ɗaure a ƙirjinsa. Bai yi kuka ba, bai rantse ba, abin da ya sa Insifekta ya ɗan saurare shi da kyau, don masu rantsuwa sun ishe shi.

Ya ce a Abijan ya koyi aikin, shekara bakwai. Da ya dawo, kafintoci ke da kasuwa, tagar katako jika huɗu ta sefa. Yanzu kowa ƙarfe yake so, ko da jika goma sha takwas ne, saboda gara ba ta ci, ɓarawo ba ya ɓallewa. Bana kuma an koma son gilashi, tun da mutane suka ga ofisoshin ma'aikatan Keita. Abin da ba su sani ba, gilashi na riƙe zafi da rani, yana riƙe ɗumi da sanyi, yana kuma riƙe duk abin da ke cikin ɗakin. Shi ya sa ba ya sa taga sai ya bar mata wurin nan na sama. Hanci yake ce masa.

"Isaka ya so hancin?"

"Bai so ba, ranka shi daɗe. Gilashi yas so har sama. Nic ce mai in haka na, shi nemi wani."

"Yaushe ka shafa fenti?"

"Alhamis waccan, da la'asar. Matar ta haihu Talata, shina ta matsa mani. Nic ce su bari kwana ukku, cikin sanyin ga fenti bai bushewa da wuri. Juma'a sunka maida matar ciki."

Insifekta ya nuna masa abin da ke cikin ambulan. Alƙasim ya duba ya daɗe. Ya ce tsumma ne. An cusa tsumma a hancin, Juma'a ko Asabar, bayan nan fentin ya kama jikinsa, ba abin da zai manne.

"Wa ka gaya wa maganar wuta?"

"Maigidan. Shi kuma yac ce shi ba shi iya hwaɗa ma surukatai, in hwaɗa mata da kaina. Nit tsaya bakin ƙohwa nig gaishe ta, nic ce Inna, in za a sa wuta, kar a ruhe saman ga. Sau biyu nih hwaɗi."

"Me ta ce?"

"Tac ce Allah shi yi albarka."

"Akwai wanda ya ji?"

Babu. Maganarsa ce da ta tsohuwar da ta binne 'yarta jiya, kuma Insifekta ya san wadda alƙali zai ɗauka. Da zai fita, Alƙasim ya tambaye shi ko Manjo ya ce wani abu a kan hannun. Insifekta ya ce bai ce ba. Ƙarya ya yi.

Da azahar aka kawo Isaka. An tare motarsa a hanyar Bouza ranar Laraba, ya dawo ya tarar an gama jana'iza. Dogo ne ƙwarai, sai da ya sunkuya kafin ya shigo ofis. Ya zauna yana kallon teburin kamar an rubuta wani abu a kai.

Ya ce shi bai san komai a kan tagar ba. Ya biya, an sa. Bai tuna wata magana ta wuta ba. Ɗakin ma bai shiga ba tun da aka maida matarsa, saboda su Inna na ciki.

"Ina kake alwala?"

"Tsakar gida."

"Kusa da randar da ke ƙarƙashin tagar?"

"Nan na."

"Sau biyar a rana, daga Juma'a har Talata. Na tsaya a wurin jiya, Malam Isaka. Ni sai na ɗaga kai nake ganin saman tagar. Kai kuwa daidai idonka yake."

Insifekta ya zazzage zaren a kan farar takarda ya tura masa. Ya ce masa jibi za a kai mutum gidan kaso da hannu ɗaya, kuma shi bai damu ba, ya kai waɗanda suka fi shi gaskiya, amma yana son rahotonsa ya zama daidai.

Can Isaka ya ce ya gani. Ranar Asabar ya ga tsumma cushe a wurin.

"Wa ya sa?"

"Wataƙila ita Zinariya."

"Mace mai kwana huɗu da haihuwa ta hau bakin gado ta miƙe har rufi?"

Isaka ya kawar da kai.

"Ka san abin da mai waldar ya ce. Me ya hana ka cirewa?"

Ya yi ta murza hularsa. Da ya buɗe baki, muryarsa ba ta da nauyi ko kaɗan. Ya ce shekara tara da aurensa, bai taɓa haɗa ido da surukarsa ba, bai taɓa cin abinci a gabanta ba, in ta biyo hanya yakan canza wata. Ta yaya zai sa hannu ya cire abin da aka sa a ɗakin da take? Kamar ya ce mata ba ta iya jego ba ne. Ya yi niyyar ya aika wata ta faɗa mata, sai hidimar suna ta sha kansa. Kuma ƙofar a buɗe take wuni, mata na shiga da fita suna barka, ya ga ba abin da ya faru. Ranar Laraba baƙi suka watse, shi ya kama hanya, aka ja ƙofar.

"Ka ce abin da aka sa. Wa ya sa?"

"Ranka shi daɗe, ka ɗaure ni. Ban iya kiran sunanta."

Insifekta ya sallame shi, ya ce kada ya bar gari. Abin ya ba shi haushi na ɗan lokaci, sannan haushin ya wuce, kamar yadda komai ke wuce masa yanzu. Yana da miji mai kunya da zare a takarda. Kwamishina ba zai taɓa tsohuwa mai zaman makoki a kan wannan ba. Sai an ga tsumman.

Kalla, ɗan sandan da ke tuƙa masa mota, ya ce ai an daɗe da ƙonawa. Insifekta ya ce bai zata ba. A gidan da mata talatin ke zaune, in tsumma ya kama wuta kowa sai ya tashi yana neman inda ke ƙauri. Masai kuma na bayan ɗakin maza ne, ba za a jefa shi can ba tare da an gani ba. Ban da haka, tsohuwar Karofane da ta ga shekarar da mata suka yi ta fita da buhu a ƙugu ba za ta jefar da ƙyalle mai kyau ba, ko da ranta ne a kai.

Ranar Juma'a aka yi addu'ar uku. Ya bari maza suka shafa fatiha suka watse, sannan ya yi sallama ya shiga. Bai nufi kowa ba. Ya zagaya bayan ɗakin girki, inda ake shanya.

Tsummokaran jariri ne a kan igiya, guda takwas ko tara, an yage su daga tsohon zane fari mai ratsin shuɗi. An wanke su tas. Amma fentin mai ba ya jin sabulu. Uku daga ciki suna da layuka koraye, an juya su ta ciki wajen shanyar.

Ya ciro ɗaya, ya shiga ɗakin, ya hau bakin gadon, ya ɗora shi a kan ƙarafan. Layi uku, ƙarfe uku, tazara ɗaya.

Da ya sauko, Inna Hawa na tsaye a bakin ƙofa, yaron goye a bayanta. Ba ta kalli tsumman ba, shi take kallo. Ya roƙi matan su ba su wuri. Suka ja baya, amma ba su yi nisan da ba za su ji ba.

"Inna, wannan zanen na wa ne?"

"Nawa na."

"Ke kika cusa shi a can?"

Ta gyara goyon. Ta ce ranar Juma'a da suka shiga, ta kwantar da 'yarta, sai ta ji iska na sauka daidai kan gadon. Maijego jikinta a buɗe yake, in sanyi ya shige ta ba ya fita har ta mutu, kowa ya san wannan. Ta ga ƙanwarta ta kumbura ta mutu a kan haka. Ta jawo turmi ta taka, ta toshe.

"Mai waldar ya gaya miki kada a rufe?"

"Ya hwaɗi."

"Me ya sa ba ki ji ba?"

"Namiji na. Mai ƙira. Mi yas sani ga jego?"

Ta faɗi haka ba da faɗa ba, kamar mai ba da labarin wata. Ta ce da ta shiga da kunun ta taɓa ƙafar Zinariya, ta san an gama. Kanta ya sara, numfashinta ya yi nauyi, sai maganar mutumin ta faɗo mata. Kafin ta yi kururuwa sai da ta hau ta zare tsumman ta tura cikin zanenta. Ba ta san dalili ba. Hannunta ne ya yi. Da Alhassan ya shigo yana tambayar me ya faru, ta nuna masa tagar.

"Kin san abin da ya je ya yi?"

"Na ji."

"Kwana uku kina ji ana cewa za a ɗaure mutumin."

"In nic ce ni ta, ɗana, to ni ta. Ban iya ba."

Insifekta ya rubuta har ƙarshe, ya karanta mata, ta dangwala yatsa. Ya ce za ta bi shi ofis. Kalla ya ciro ankwa, Insifekta ya girgiza masa kai.

Ta kwance goyon a hankali. Ta dubi matan, ba wadda ta matso. Isaka na tsaye a bakin zaure, kansa a ƙasa. Ta taka har gabansa ta miƙa masa yaron, ta ce a nemi mai shayarwa a gidan liman, kuma kada a yi masa wanka da ruwan da ya huce. Ya karɓa bai ɗago ba.

Suka shiga mota. A bakin tasha sun wuce shagon Alƙasim, tagogi sun fi ashirin jibge a ƙofarsa, wasu gilashin ya fashe, awaki na hawa kai.

Kwamishina ya karanta rahoton, ya ja tsaki, ya sa hannu. Aka fito da Alƙasim. Insifekta ya gaya masa an wanke shi, ba shi da laifi, zai iya tafiya. Ya miƙa masa takardar sallama da biro. Alƙasim ya dubi biron, ya dubi hannunsa, sai Kalla ya kawo tawada, Alƙasim ya dangwala da na hagu.

"Manjo ya ce wani abu, ko?" in ji shi.

Wannan karon Insifekta ya faɗa masa. Yatsu uku sun murƙushe. Za su warke, amma ba za su ƙara riƙe ƙarfen walda ba.

Alƙasim ya gyaɗa kai, kamar an gaya masa farashin gero.

A lokacin ne aka biyo da Inna Hawa ta barandar za a kai ta ɗakin tsaron mata. Ta tsaya a gabansa. Ɗan sandan da ke bayanta ya so ya tura ta, Insifekta ya ɗaga masa hannu. Ta dubi ɗaurin da ke ƙirjin mutumin ta daɗe.

"Ka hwaɗa mani," ta ce. "Sau biyu. Na ji ka."

Kwana uku ba abin da Alƙasim yake so a duniya kamar wani ya faɗi wannan. Ya tsaya yana jiran ya ji daɗi, bai ji komai ba.

"Allah shi jiƙan ta, Inna," ya ce.

Aka wuce da ita. Ya sauka matakalar ofishin, ya tsaya a rana, ya fara ƙoƙarin ɓalla maɓallin rigarsa da hannun hagu. Insifekta na kallonsa ta ƙofa. Sau huɗu yana gwadawa, sannan ya bar shi a buɗe ya tafi.